LAUYA TSAKANIN ALƘALI DA 'YAN KALLO

Akwai wata tsohuwar tuhuma da talakan ƙasar nan yake yi wa lauya, wadda har yau ba ta gushe ba, wai shi mutum ne da ake biya domin ya mai da fari baƙi, baƙi kuma fari. Akwai kuma wata mai kama da ita da ake yi wa ɗan wasan kwaikwayo, wai mutum ne mai kukan da babu shi a zuciyarsa, mai dariyar da ba tasa ba. Saboda haka idan aka ji labarin lauyan da ya saba kare waɗanda ake tuhuma da manyan laifuffuka ya tuɓe baƙar rigarsa ya shiga gidan rediyo ko talabijin, ko ma ya hau dandamali yana wasa, sai mutane su ce ai bai yi nisa ba, daga wannan ɗaki ya koma wancan a cikin gida ɗaya. Mu dai ba mu yarda da haka ba. A ganinmu akwai kogi tsakanin sana'o'in nan biyu, kuma wanda ya ƙetare shi akwai abin da yakan bari a gaɓar baya, ko ya sani ko bai sani ba. Abin da muke so mu duba ke nan daga nan Ƙetare ta ƙasar Ƙanƙara, inda maganar laifi da shari'a ta daɗe da wuce zancen littafi.

Da farko ya kamata mai karatu ya tuna cewa lauya baƙo ne a kotun talakan Arewa. Wakilci a shari'a kam ba sabon abu ba ne, domin littattafan fiƙihu da alƙalanmu suka dogara da su, irin su Tuhfa ta Ibn Asim, sun yi bayanin yadda mutum zai wakilta wani ya yi masa jayayya a gaban alƙali. Amma shi lauya mai farar hular gashi, dokar zamanin Turawa da ta En'e ta hana shi tsayawa a kotun alƙali, haka kuma dokar kotunan yanki da ta biyo baya. Sai bayan tsarin mulki na 1979 ne manyan kotuna suka ce wannan hani ya saɓa wa 'yancin wanda ake tuhuma na ya zaɓi mai kare shi. Wato ke nan da yawa daga cikin iyayenmu sun fara sanin kotu ne a akwatin talabijin, cikin wasanni irin su Kuliya Manta Sabo na Kano, kafin su taɓa ganin lauya ido da ido. Ba abin mamaki ba ne don sun haɗa shi da ɗan wasa.

A Kudu ana yawan kaiwa da komowa tsakanin sana'o'in. Femi Adebayo ya karanta shari'a sannan ya zama jarumin finafinan Yarbanci. Folarin Falana, wanda aka fi sani da Falz, ɗan shahararren lauya Femi Falana, shi ma lauya ne kafin ya koma waƙa da fim. Richard Mofe-Damijo da Kanayo O. Kanayo kuwa ta ɗaya hanyar suka bi, sai da suka yi suna a fim sannan suka zama lauyoyi, na farko a 2005, na biyu a 2020. Amma waɗannan ba su ne ainihin abin da muke magana a kai ba, domin ba a san su da tsayuwa a kotu suna kare wanda igiya ke jira ba. A nan Arewa kuwa ƙetarawar ta fi ƙarfi ta wajen kafafen watsa labarai. Audu Bulama Bukarti, wanda ya yi karatu ya kuma koyar da shari'a a Jami'ar Bayero, ya zama murya sananniya a sashen Hausa na BBC da sauran kafafe, har a 2020 Abubakar Shekau ya ambaci sunansa yana yi masa barazana. Shi da Abba Hikima, lauyan Kano da ya yi suna wajen tsaya wa marasa ƙarfi, da ɗan jarida Jaafar Jaafar, sun kawo shirin Fashin Baƙi ta intanet, wanda samarinmu suka riƙa saurare a wayoyinsu daga Faskari har Sabuwa.

Idan kuwa ana neman cikakken misali na lauyan manyan laifuffuka da ya hau dandamali da kansa, to sai an leƙa Faransa. A can ne aka yi Jacques Vergès, wanda ya kare 'yan gwagwarmayar Aljeriya a zamanin yaƙin neman 'yanci, ya kuma kare Klaus Barbie, jami'in Nazi, a birnin Liyon a 1987, sannan a 2008, yana da shekara tamanin da 'yan kai, ya hau dandamalin wani gidan wasa a Paris shi kaɗai yana ba da labarin sana'arsa. A can ne kuma Éric Dupond-Moretti, wanda ya kuɓutar da mutane fiye da ɗari a manyan kotuna, ya fito a matsayin alƙali a wani fim na Claude Lelouch a 2017, ya yi nasa wasan na mutum ɗaya a 2019, kafin a naɗa shi ministan shari'a a watan Yuli na 2020, muƙamin da ya riƙe har 2024.

To, mu fara da ba masu tuhuma gaskiyarsu. Lalle akwai kwaikwayo a aikin lauya. Yana sa tufa ta musamman, yana magana da bakin wani, ya san inda zai ɗaga murya da inda zai yi shiru, kuma ba dole ba ne abin da yake faɗa ya zama shi ne ra'ayinsa idan ya koma gida. Tun zamanin Girkawa Aflatun ya yi ƙorafi a kan masu fasahar magana da ke rinjayar jama'a alhali ba su san gaskiyar abin ba. A hadisin da Ummu Salama ta ruwaito ma, Manzon Allah (SAW) ya gargaɗi masu kawo ƙara cewa wani yakan fi wani iya tsara hujja, kuma wanda aka yanke wa haƙƙin ɗan'uwansa ta wannan hanya, yankin wuta aka yanka masa. Ashe haɗarin iya baki sananne ne tun da daɗewa.

Sai dai kotu ta san da wannan haɗari, shi ya sa ta ɗaure bakin lauya da igiyoyi. Duk abin da ya faɗa akwai abokin karawa a gefe da zai tashi ya ƙaryata shi nan take. Akwai alƙali da zai ce masa ya zauna. Ba ya kawo jita-jita, sai shaidar da za a yi wa tambayoyi. An yarda ya nuna raunin hujjar mai gabatar da ƙara, amma ba a yarda ya faɗa wa kotu abin da ya san ƙarya ne ba. Idan alƙali ya ruɗu da zaƙin bakinsa, akwai ɗaukaka ƙara. Fiye da duka, a bayansa akwai mutum mai rai a tsaye cikin akwati, wanda idan lauya ya yi wasa, shi ne zai sha ɗauri. Ɗan wasa idan ya mutu a fim yakan tashi ya karkaɗe rigarsa ya karɓi kuɗinsa. Wanda lauya ya yi sakaci da shari'arsa ba ya tashi.

Ranar da lauya ya zauna gaban kyamara, duk igiyoyin nan sun kwance. Babu abokin karawa, in ma akwai to an gayyato shi ne don a yi hayaniya shiri ya yi armashi. Babu ɗaukaka ƙara daga hukuncin 'yan kallo. Amma sunan "Barista" yana nan tare da shi, kuma mai saurare a kasuwar Ƙanƙara idan ya ji Barista ya ce wane ɓarawo ne, a wurinsa an gama shari'a. Wannan ne ya sa ƙa'idojin aikin lauya a Nijeriya suka hana lauyan da ke cikin wata shari'a yin maganar da za ta iya gurɓata ta a wajen kotu, suka kuma wajabta masa riƙe sirrin wanda yake karewa. Maganar sirrin nan ba ƙarama ba ce ga wanda ya koma ba da labari, domin jarin mai ba da labari shi ne abin da ya gani ya kuma ji, lauya kuwa mafi daɗin labaran da ya sani an faɗa masa su ne a ɗakin ganawa na gidan yari, cikin raɗa, da amana. Ko ya sauya suna ya sauya gari, mutanen ƙauyen sun san ko wane ne. Ciki dai ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba.

Duk da haka, waɗannan matsaloli ne da doka da tarbiyya za su iya magancewa. Wadda ta fi damun mu tana can ƙasa, inda doka ba ta kaiwa. Asalin aikin lauyan kariya shi ne ya tsaya kusa da mutumin da gari ya tsana. Idan kowa yana son mutum, ba ya bukatar lauya sosai. Ranar da aka taru ana cewa a kashe, ranar da danginsa ma suka ɓuya, ranar ce tsarin mulki, a sashe na 36, ya ce shi marar laifi ne har sai an tabbatar, kuma a ba shi mai kare shi. Saboda haka lauyan kariya na gaskiya dole ya iya cin abinci ya yi barci alhali ana zaginsa a gari. Shi kuwa ɗan wasa da mai gabatar da shiri, abincinsu yana hannun 'yan kallo. Idan aka daina son su, sana'a ta mutu. Ɗaya an horar da shi ya jure ƙiyayyar jama'a, ɗaya kuwa kullum yana auna ƙaunarsu, yanzu ma har da alƙaluma, domin Facebook na nuna wa mutum yawan waɗanda suka yaba masa kafin ya rufe baki. Tafi kuwa yana da daɗi, kuma wanda ya saba da shi yakan fara zaɓen maganarsa tun kafin ya san yana zaɓe. Ba sai an ba shi cin hanci ba. Wata rana za a kawo masa shari'ar da idan ya karɓa rabin mabiyansa za su juya masa baya, sai ya ji zuciyarsa ta ba shi dalilai goma masu kyau na ƙin karɓa.

Mu a wannan yanki mun san irin wannan shari'a, domin kullum muna ganin mai ita. A daren 11 ga Disamba 2020 aka kwashe ɗalibai daga Makarantar Sakandaren Kimiyya ta Ƙanƙara, aka sako 344 bayan kwana shida. Auwalu Daudawa, wanda ya jagoranci satar, ya miƙa makamai a Gusau a watan Fabrairu 2021, ya yi hira da 'yan jarida, ya koma daji, aka kashe shi a can a ƙarshen Afrilu. Bai taɓa tsayawa gaban alƙali ba. Ado Aleru, wanda 'yan sandan Katsina suka sa ladan naira miliyan 5 a kansa bayan kisan Kadisau ta ƙasar Faskari a 2020, duniya ta gan shi yana magana a shirin BBC na 2022 a kan 'yan bindigar Zamfara, aka kuma gan shi a zaman sulhu a Faskari a 2025. (Abin lura, wanda ya shiga daji ya ɗauko wancan shiri, Yusuf Anka, ɗalibin shari'a ne a lokacin.) Manyan ke nan: kyamara suke gani, ba alƙali ba. Ƙananan kuma, yaron da aka kama a kasuwa aka ce infoma ne, ko matar da aka ce tana kai burodi da fetur daji, ko makiyayin da laifinsa na farko kamanninsa ne, su ma kyamarar suke fara gani, ta al'adar nan da aka daɗe ana yi ta holin waɗanda ake zargi a gaban 'yan jarida. Daga nan sai gidan yarin Funtuwa ko na Katsina, su shiga sahun masu jiran shari'a, waɗanda su ne kusan kashi biyu cikin uku na fursunonin ƙasar nan. Wanda bai yi sa'a ba ma, ba ya kaiwa hannun hukuma, a bakin hanya ake gama da shi.

Ba muna cewa duk waɗannan ba su da laifi ba ne. Mun binne 'yan'uwa, mun sayar da gonaki mun biya kuɗin fansa, kuma mun san akwai infoma na gaske a cikinmu. Amma daidai saboda zafin da muke ji ne ba za mu iya zama alƙalan kanmu ba. Wanda aka kashe wa ɗa ba ya tambayar hujja. Dole a sami wani wanda aikinsa ne ya tambaya, ko da za mu tsine masa. Hukumar Ba da Agajin Shari'a da aka kafa tun 1976 domin marasa hali ba ta da lauyoyin da za su ishi jiha guda, balle ƙauyukan bakin daji. To idan ƙwararrun da ke iya wannan aiki suka gano cewa suna da kuɗi da ƙauna sun fi yawa a gaban kyamara, wa zai je Funtuwa ranar Talata ya tsaya wa yaron da uwarsa ma ke jin kunyar ambaton sunansa?

Za a ce mana, kuma da gaskiya, ai wani lokaci kyamarar ce ke ceton rai. Haka ne. A 1957 kotun sojan Faransa a Aljeriya ta yanke wa Djamila Bouhired hukuncin kisa. Vergès ya ga kotun ta mai mulkin mallaka ce, hukuncinta a rubuce yake tun kafin a zauna, sai ya kai maganar ga jaridu da jama'ar duniya, har aka fasa kashe ta, ta fito a 1962. Inda kotu ta zama wasan kwaikwayo, fita waje shi ne aikin lauya. Haka nan a wurinmu, lauyan da ya shiga rediyo ya gaya wa talaka da Hausa cewa beli a ofishin 'yan sanda kyauta ne, cewa ba a kama uba a madadin ɗa, cewa ba a tsare mutum makonni ba tare da an kai shi kotu ba, ya yi aikin da lauyoyi ɗari ba za su yi a cikin kotu ba. Wannan kam sai godiya, kuma shirye-shiryen da muka ambata sun yi irinsa da yawa.

Amma akwai wani misali a nan maƙwabtanmu da ya kamata a ajiye kusa da na Aljeriya. A watan Maris 2002 kotun shari'a ta Bakori ta yanke wa Amina Lawal hukuncin jefewa, babbar kotun shari'a ta Funtuwa ta tabbatar a watan Agusta. Duniya ta ɗauka, takardun koke suka yi ta yawo a intanet, wasunsu cike da kurakurai da cin mutuncin addini, har a 2003 ƙungiyar BAOBAB da ke taimaka mata ta roƙi a daina, domin hayaniyar na iya sa a taurare a kuma jefa ta cikin haɗari. Abin da ya kuɓutar da ita ranar 25 ga Satumba 2003 a Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a a Katsina, da rinjayen alƙalai huɗu a kan ɗaya, hujjoji ne daga cikin fiƙihun Malikiyya da dokar jihar kanta: maganar kwantaccen ciki, da 'yancin janye iƙirari, da kuma cewa alƙalin farko ya zauna shi kaɗai. Aliyu Musa Yawuri ne ya tsaya ya yi jayayyar a gaban alƙalai. Hauwa Ibrahim, wadda suka yi aikin tare, ita duniya ta fi sani, ta karɓi lambar Sakharov a 2005. Ba mu faɗi haka don rage mata daraja ba, ta yi wahala kuma ta fuskanci barazana. Mun faɗa ne don a ga cewa inda haske ya sauka daban, inda aka yi nasara daban. Shi kuma Vergès, dabarar da ta ceci Djamila ita ya ɗauko a shari'ar Barbie bayan shekara 30, ya mai da zaman kotu wurin tuhumar Faransa da laifuffukan mulkin mallaka. Barbie ya sami ɗaurin rai da rai, lauyansa ya sami ƙarin suna. A nan mutum zai fara tambaya, shin wa ke yi wa wani aiki?

Dupond-Moretti ne ke ba ra'ayinmu wahala, kuma ba za mu ɓoye ba. A shekarar nan ta 2017 da ya fito a fim, a cikinta ya kare Abdelkader Merah, ɗan'uwan wanda ya kashe mutum bakwai a Tuluz da Montoban a 2012, cikinsu har da yara. Faransa kaf ta tsane shi a lokacin, aka yi masa barazana shi da iyalinsa, bai janye ba. Ashe ana iya taunar taura biyu. Sai dai a lura, ya shafe fiye da shekara 30 yana shan zagi a kotuna kafin ya hau dandamali, fatarsa ta riga ta yi kauri, kuma abin da ya kai wa 'yan kallo shi ne wannan magana marar daɗi, cewa mafi munin mutane ma yana da haƙƙin a kare shi. Bai je neman su so shi ba, su ne suka biya kuɗi suka zo jin abin da ba su so. Bayan shekara uku kuma ya bar aikin lauya ya shiga gwamnati, Faransa ba ta rasa wanda zai maye gurbinsa a kotu ba.

Saboda haka idan wani daga cikin lauyoyinmu ya shiga rediyo, ko gobe Kannywood ta ba shi rigar alƙali ya sa a fim, mu ba za mu ce ya yi laifi ba, kuma ba za mu auna shi da yawan mabiyansa ba. Za mu jira ranar da aka kama wani a Sabuwa ko Ɗansabau, hotonsa ya cika wayoyi, kowa yana cewa a gama da shi, mu ji abin da Barista zai ce a shirinsa na wannan mako. Za mu kuma duba ko da safe motarsa tana ƙofar kotu.